Taswirar da Jatau Ya Baro a Jiya

An ce Jatau magini ne ya fara zana tafiyar kwanaki a garinsu. Shekara bakwai yana bin inuwar tsamiya a bangon gidansa yana tsaga layi, har ya gano layin da in inuwa ta taɓa shi, ruwan shuka ya zauna.

Wata shekara Sarki ya ƙi jiran layin. Ya shuka gandunsa da ruwan fari, iri ya ƙone. Ya sa aka kira Jatau.

"Tunda ka san hanyar kwanaki, zana mini hanyar komawa jiya in fasa shukar. In ka kasa, a rushe bangon."

Jatau ya ce, "Ranka ya daɗe, ai na zana ta."

"Tana ina?"

"A jiya na baro ta. A tura dogari ya ɗauko."

"Ta ina zai bi?"

"Hanyar tana cikin taswirar, ranka ya daɗe."

Sarki ya dubi dogari, dogari ya dubi ƙasa.

Bangon yana nan har yau, kuma gandun Sarki ba ya riga inuwa.