Ambulan Uku da Yusha'u Ya Ƙi Buɗewa

Malam Yusha'u Garba ma'aikaci ne a wani ƙaramin bankin gama-kai da ke Unguwar Shanu, irin wanda teloli da 'yan kasuwa da malaman makaranta suka haɗu suka kafa, su ne kuma masu shi. Shekararsa goma sha biyu a wurin. Ya iya aiki, ba ya makara, ba a taɓa kama shi da rashin gaskiya ba. Aibinsa guda ne, girman kai. Bai yarda wanda ya zo bayansa ya auna aikinsa ba.

Rahmatu kuwa shi ya koya mata aiki lokacin da ta shigo. Ta ƙaro karatu, daga baya aka ba ta manajan reshen. Tun ranar ya daina ambatar sunanta, sai dai ya ce "ta ciki".

Dokar bankin a rubuce take. Duk ƙarshen shekara manaja zai cike takardar tantance aikin kowane ma'aikaci, ya ba shi ya karanta ya sa hannu. Wanda bai gamsu ba, akwai gurbi a ƙasa da zai rubuta ƙorafinsa kwamiti ya duba. Takardar da babu sa hannu kuwa, tamkar ba a rubuta ta ba. Kuma ba a yi wa kowa ƙarin girma sai da takardu biyu a jere.

Shekarar farko Rahmatu ta kawo masa ambulan har teburinsa.

"Yaya Yusha'u, ga taka. Ka duba ka sa hannu."

"Ajiye nan," ya ce, bai ɗago kai ba.

Tana fita ya jefa ambulan a durowa. Nasiru, abokin zamansa a ofis, ya yi dariya.

"Mutumina, ko buɗewa ba za ka yi ba? Ba fa sammaci ba ne."

"Yarinyar da na koya wa riƙe hatimi ce za ta ba ni maki? Na san abin da ta rubuta. In na sa hannu ai na yarda ke nan."

"To ka karanta ka musa mana."

"Kai dai je ka karanta taka, ɗan gaban goshin manaja."

Haka aka yi shekara uku. Ta kawo, ta tuna masa, shi kuma ya ƙara a durowa.

Sai bankin ya buɗe reshe a Rigasa, ana neman manaja. Yusha'u bai yi shakka ba, har ya gaya wa matarsa Zuwaira ta fara cigiyar gida a can. Da sanarwa ta fito, sunan Nasiru ya gani. Ko a mafarki bai kawo haka a ransa ba. Nan take ya zauna ya rubuta wa kwamitin bankin ƙorafi shafi biyar, ya ce Rahmatu ce ta toshe shi don ƙiyayya.

Shugaban kwamitin, Alhaji Ila, tsohon tela ne da mambobi suka zaɓa. Ya sa aka gaya wa Yusha'u ya zo da takardunsa. Ranar zama ya ajiye ambulan uku a tebur, duk a liƙe.

"Buɗe ka karanta mana sharrin da ta yi maka," in ji Alhaji.

Ya farke ta farko. An rubuta: "Ya fi kowa sanin aiki a reshen nan." Ya farke ta biyu: "Ya cancanci ƙarin girma." Ya farke ta uku: "Ina roƙon a duba lamarinsa ko da bai sa hannu ba. Shi ya koya mini aiki."

Alhaji Ila ya cire tabarau.

"Malam Yusha'u, shekarata arba'in kan keken ɗinki. Ban taɓa ɗinka wa wanda ya ƙi tsayawa a gwada shi riga ba."

"Ranka ya daɗe, a ba ni biro in sa hannu yanzu."

"A'a. Nasiru ya cika ƙa'ida, kujerar haƙƙinsa ce. In muka karya doka dominka yau, gobe a kanka za a karya ta."

Washegari ya ƙwanƙwasa ofishin da ya yi shekara uku bai taka ba.

"Manaja, na zalunce ki. Ki yafe mini."

"Wallahi babu komai, Yaya. Sai dai ta bana akwai layin da ba zai yi maka daɗi ba. Na rubuta ba ka karɓar gyara."

Ya karanta takardar tun daga sama har ƙasa, ya yi murmushi, ya sa hannu. Gurbin ƙorafi ya bar shi fari. Bayan shekara biyu da aka buɗe reshen Rigachikun, shi aka ba, babu wanda ya yi gardama.

Darasin da ke cikin wannan labari shi ne, ma'aikaci yana da haƙƙi, amma haƙƙin yana da hanyar da ake bi a same shi. Ka san dokar wurin aikinka, ka karanta abin da aka rubuta a kanka, in ba ka yarda ba ka faɗa a inda aka tanada. Kada girman kai ya sa ka yanke wa mutum hukunci kafin ka ji ta bakinsa, domin wanda kake zargi da tare maka hanya, wataƙila shi ne yake ta roƙo a buɗe maka ita.