Manomin da Ya Ƙone Shingensa

Akwai wani mutum mai gonar kabewa a bakin rafi. Yana da amya a kan ɗorawa, yana kuwa ƙaunar ƙudajen zumansa, gama suna cika masa tulu. A shingen gonar kuma akwai ƙudajen jeji iri-iri: galla 'yan ƙanana marasa harbi, da manya baƙaƙe masu huda busasshen itace, da masu gida a ramin ƙasa.

Mutumin ya ce a ransa, "Me waɗannan suke ba ni? Shanye fure kawai suka iya." Sai ya sa wa shingen wuta, ya tattake ramukan.

Damina ta yi kyau. Kabewa ta yi yaɗo, amma furen ya yi ta zubewa, 'ya'ya kaɗan ƙwarai. A hayin rafi kuwa, gonar wata gwauruwa mai suna Rifkatu ta cika maƙil. Ran Lahadi ya tsaya a ƙofar majami'a, ya nuna ta, ya ce, "Matar nan ta janye albarkar gonata da asiri!" Rifkatu ta koma gida tana kuka, mutane suka daina sayen kabewarta.

Wata safiya ya haye rafin neman abin da ta binne. Bai sami kome ba, sai ƙudajen jeji suna fitowa daga shingenta, suna shiga fure bayan fure, jikinsu buɗu-buɗu da garin fure. Ya tuna gonarsa shiru take. Nan ya gane su ne masu kai garin daga fure zuwa fure, har kabewa ta yi 'ya'ya.

Ya je ya durƙusa mata, ya ce, "Inna, ki gafarta mini. Da hannuna na kashe ma'aikatana."

Ta ce, "Na yafe, ɗana. Amma a ƙofar majami'a ka faɗa, can za ka warware."

Haka ya yi, bai kuwa iya ɗaga ido ba.

Ga ma'anar misalin, 'yan'uwa. Gonar ita ce ikilisiya. Ƙudajen jejin su ne waɗanda ba a jin sunansu: tsoho mai addu'a a ɗakinsa, mace mai kai wa marar lafiya kunu. Allah bai halicci kome a banza ba, ko ƙwaro ko mutum. Wanda ya rena su, ranar rashi zai nemi mai laifi, alhali tokar tana hannunsa.