Dodon Da Ya Gaji Da Mutuwa

Ga ta nan, ga ta nanku.

Ta zo mu ji ta, Anti!

To ku matso, ba na son ɗaga murya.

A can ƙasar Cek, inda sanyi ke daskarar da ruwan randa, an yi wani mutum wai shi Radomil. Sana'arsa rubuta tatsuniyar da za a yi fim da ita. Tun yana saurayi yake yi har ya yi furfura, kuma kowane fim sai an kashe Dodo a ƙarshe.

Ran nan yana shan shayi, sai ga Dodo na gaske ya cika ƙofa.

Dodo ya ce, "Kai ne mai kashe ni?"

Radomil ya ce, "Ranka ya daɗe, a takarda ne kawai."

Dodo ya ce, "Matata ta daina tsorona. Ko tari na yi sai ta ce in bari sai ƙarshen fim. Ka sake kashe ni, in cinye ka har da tabarau!"

Sai Radomil ya ruga wurin mai kamfanin fim. Mai kamfani ya ce, "In Dodo bai mutu ba, nemi wani aikin."

Gaba Dodo, baya kora. Sai Radomil ya rubuta cewa Dodo ya gudu daji.

Dodo ya ce, "Ni ne matsoracin?" Ya haɗiye takardar.

Sai Radomil ya rubuta cewa Dodo ya tuba, ya koma kiwon agwagi.

Mai kamfani ya yi hamma, ya ce, "Wa zai biya kuɗi ya kalli agwagi?"

Na uku, Radomil ya sake dabara. Ya ce wa Dodo, "Ai laifin ɗan wasan da ke sa rigar Dodo a fim ne. Bai iya mutuwar manya ba, faɗuwa yake kamar buhun gero."

Dodo ya ce, "Na lura! Sa ni a fim ɗin da kaina in nuna musu."

Ranar ɗaukar fim, jarumi ya taɓa shi da takobin katako. Sai Dodo ya dafe ƙirji. Ya yi tangal-tangal, ya kurma ihu, ya yi wa dangi wasiyya ɗaya bayan ɗaya, ya faɗi rim! Aka ɗauki tafi. Da ya ji tafi, sai ya miƙe ya sake mutuwa. Aka ƙara tafi, ya ƙara mutuwa. Sai da aka haɗa shi da Allah ya kwanta.

Radomil ya tsira da ransa da aikinsa. Kashegari ko karyawa bai yi ba, sai ga Dodo ya leƙo ta taga.

"Maigida, wanda za a yi nan gaba, sau nawa zan mutu?"

Ƙurunƙus kan ɗan kusu. Ku dai ku yi hattara da daɗin tafi, ko Dodo sai da ya kayar. Ku tashi, ga Inna can tana kira.