Manomi da Masu Warware Jiya

Akwai wani manomi a wani ƙauye a gindin duwatsu, yana da ƙane guda ɗaya. Da mahaifinsu ya rasu, dattawa suka raba gonarsa biyu, tudu mai faɗi a gefe ɗaya, da 'yar fadama mai ciyawa da sauro a ɗaya gefen. Aka ce babba ya fara zaɓa. Sai ya ɗauki tudun, ya bar wa ƙanensa fadamar, yana murna a ransa cewa ya yi wayo.

Ƙanen bai yi gunaguni ba. Ya share fadamar, ya haƙa magudanai, ya shuka shinkafa, ya dasa rake da gwaza. Sai aka shiga shekarun da ruwa yake ɗaukewa da wuri. Dawar tudu ta riƙa bushewa kafin ta yi ƙwaya, fadama kuwa tana nan kore shar. Rumbunan ƙanen suka cika, hannunsa kuma a buɗe yake ga gwauraye da marayu. In rikici ya tashi tsakanin ƙauyensu da na ƙetaren rafi, shi ake kira ya sulhunta. Kowace kaka yakan ɗauko buhun shinkafa da kansa ya kai gidan wansa. Wan yakan karɓa ya yi godiya, amma in aka dafa, sai lomar ta tsaya masa a maƙogwaro. Ko sunan ƙanen ya ji an ambata da alheri, ranar nan ta ɓaci ke nan.

A ƙasar kuwa akwai wata ƙungiyar asiri da ake kira Masu Warware Jiya. Ba wanda ya san 'yan cikinta. Ana dai raɗe-raɗin cewa sukan jawo kwanakin da suka wuce su warware su kamar yadda ake warware saƙa, har abin da ya faru ya zama bai faru ba. Da haka suke naɗa wanda suke so, su kā da wanda ba sa so, mutane kuma su wayi gari suna tsammani tun fil azal haka abin yake.

Ran wata kasuwa, wani mai sayar da gishiri ya lura da fuskar manomin sa'ad da jama'a suke rububin gaida ƙanensa. Sai ya matso, ya raɗa masa cewa akwai masu gyara irin wannan kuskure, ya kwatanta masa wani kogo a bayan dutse.

Manomin ya tafi da tsakar rana. Ya tarar da mutane zaune fuskokinsu a rufe, da wani tsoho a tsakiyarsu. Ya roƙa a mai da shi ranar rabon gado. Aka mai da shi, ya zaɓi fadama.

Fadamar ta ba shi amfani, gaskiya. Amma ƙanen ya duba tudunsa, ya bar dawa ya koma gero da wake masu jure fari, ya sa awaki. Bai yi arziki kamar dā ba, duk da haka ɗan abin da yake da shi yana rabawa, kuma har yanzu ƙofarsa ce mutane suke cika da safe. Wan ya tsaya a cikin rakensa yana hangen taron, zuciyarsa tana tafasa fiye da dā. Ashe ba gonar ba ce take cinsa.

Ya koma kogon, ya ce abin bai yi ba. Tsohon ya tambaye shi me yake so ke nan. Manomin ya yi ta kewaye-kewaye, sai tsohon ya ce, “Ba ma aiki da kewaye. Da bakinka za ka faɗa.”

Ya sunkuyar da kai ya ce, “Ina so ya zama ba a taɓa haihuwarsa ba.”

Da ya sauko daga dutsen, tudu da fadama duka nasa ne. Inda gidan ƙanen yake, babu komai sai ƙaya da gidan tururuwa. Matar ƙanen ta wuce shi da tulu a kanta, matar wani ce yanzu, ta gaishe shi sama-sama ta yi gaba. 'Ya'yan ƙanen da sukan rugo su riƙe masa fartanya suna ce masa Baba, babu ko ɗayansu. A duk ƙauyen, shi kaɗai ne yake tuna an taɓa yin mutumin.

Da fari ya ji sanyi a ransa. Amma kafin kaka, rikici ya tashi da mutanen ƙetaren rafi a kan wurin shayar da dabbobi, ba kuwa mai shiga tsakani. Aka ƙone rumbuna, aka zubar da jini, zumuncin kakanni ya yanke.

Rannan ya shiga ɗakin mahaifiyarsa, tsohuwa ce tukuf, ya zauna kusa da ita. Ya tambaye ta ko ba ta taɓa haifar wani bayansa ba. Ta kama hannunsa ta ce, “Kai kaɗai Allah ya ba ni, ɗana. Na daɗe ina roƙo ya ba ka ƙane, don kada in mutu in bar ka kai ɗaya a duniya. Bai nufa ba.”

Manomin ya fita da kuka, ya hau dutsen da gudu, ya fāɗi a gaban tsohon yana roƙo a komo masa da ɗan'uwansa, a karɓe gonakin duka. Tsohon ya gaya masa ba ɓoye-ɓoye cewa sun daɗe suna neman kawar da mutumin nan, domin muddin yana nan ƙauyukan ba za su rabu ba, su kuwa da rabuwar mutane suke mulki. Sai dai ba su da iko su taɓa kowa, sai in jininsa ne ya roƙa. Sa'an nan ya ce, “Mu warwarewa muka iya. Ba mu iya saƙa ba.”

Manomin ya tsufa da rumbuna cike. Yakan zauna a bakin gona yana kiran wani suna da ba wanda ya sani, har mutane suka ce ya taɓu. In kuwa ya hangi wa da ƙane suna noma kunya ɗaya, suna shan ruwa a gora ɗaya, sai ya bi su da ido yana ƙyashinsu, har su ɓace.

To, 'yan'uwa, ga ma'anar wannan misali. Kada wani ya fita daga nan yana neman kogo a bayan dutse. Babu mahalukin da zai iya komo da jiya, gama lokatai a hannun Allah suke. Kogon nan yana cikin ƙirjinmu, sunansa hassada. Duk sa'ad da ka ce, da ni aka ba muryar da take jan waƙa a majami'a, da ɗana ne ya ci jarrabawar, da rufin kwanon nan a kan ɗakina yake, ka fara hawan dutsen ke nan. Ku lura, an ba manomin fadamar, bai ƙoshi ba. Mai hassada yana tsammani kayan ɗan'uwansa yake so, alhali kuwa rashin ɗan'uwan yake nema. Mugun nan mai jarabtar mutane kuma ba ya iya shiga gida ko ikilisiya sai wani na ciki ya buɗe masa da bakinsa, ta wurin tsegumi, da ɓata suna, da shirun da muke yi sa'ad da ya kamata mu yaba.

Kai da kake saurarona, ka san wanda albarkarsa take tsaya maka a maƙogwaro. Wataƙila a benci ɗaya kuke zaune yau. Naka yana nan da rai, manomin nan bai sami wannan alheri ba. In an tashi, kada ka bi ta wata ƙofa. Ka je ka kama hannunsa, ka gode wa Allah dominsa, da ƙarfi, yadda kunnenka zai ji.