Yadda Bakin Tsotsau Ya Koma Ƙasa

Ga ta nan, ga ta nanku, yara.

Ta zo mu ji ta, Iya!

Wata kifanya ce, sunanta Tasalla. A wani kogi take, can wata ƙasa mai nisa, inda ruwa yake da sanyi, ga shi garau har ana ganin tsakuwar ƙasansa. A lokacin bakinta a gaba yake, kamar na kowane kifi. In ƙwaro ya faɗo ruwa, sai ta taso ta cafke.

Da lokacin ƙwai ya yi, sai ta bar babban kogi, ta yi ta iyo tana hawa, har ta kai wani ɗan rafi mai tsakuwa. Nan ta zuba ƙwanta.

Kashegari gaɓar rafin ta zaftare daga can sama. Laka ta gangaro, ta kwanta kan tsakuwa, ta rufe ƙwan ruf.

Tsohuwa Ƙaguwa ta leƙo daga raminta, ta ce, "Yarinya, ƙwai ma numfashi yake yi. In laka ta yi kwana uku a kansa, sai dai ki yi haƙuri."

Tasalla ta ce, "Gwaggo, ni ba ni da hannu. Ko za ki share mini?"

Ƙaguwa ta ce, "Dubi hannuna. In na taɓa ƙwan nan, fashewa zai yi. Nemi wani."

Ta tafi wurin Kwaɗo, ta ce, "Malam Kwaɗo, zo ka share mini laka."

Ya ce, "Biki ake yi a fadama, ni ne mawaƙi. Sai an watse."

Ta tafi wurin Kunkuru, ta ce, "Baba Kunkuru, zo ka share mini laka."

Ya ce, "To, 'yata, yi gaba, ina bayanki. Nan da kwana bakwai na iso."

Tana dawowa sai ga Zalɓe tsaye a bakin rafi da ƙafa ɗaya. Ya ce, "Baiwar Allah, na ji abin da ya same ki. Ga ƙafa doguwa, ga baki dogo. Taso sama ki nuna mini wurin."

Tasalla ta taso. Zalɓe ya kawo mata sara, tsaf! Ta goce, bakinsa ya karce ta a haƙarƙari.

Ta ce, "Haba, Malam Zalɓe!"

Ya ce, "Gaisawa za mu yi, ke ce kika tsorata."

Ta koma ƙasa. Ta dubi lakar nan, ta dubi kanta. Ba hannu, ba ƙafa, sai baki. Sai ta kifa kai, ta manna leɓenta a kan tsakuwa, ta tsotse laka, ta furzar. Ta matsa gaba, ta tsotse, ta furzar.

Rana ta farko Zalɓe ya jefa fara a ruwa, ya ce, "Tasalla, yunwa za ta kashe ki. Ga fara mai kitse."

Tasalla ta ce, "Umm-umm." Ba ta ɗaga baki ba.

Rana ta biyu ya jefa tsutsa, ya ce, "Tasalla, leɓenki ya kumbura. Taso ki huta."

Ta ce, "Umm-umm."

Rana ta uku bai jefa komai ba. Ya sassauta murya, ya ce, "Tasalla, daga nan ina hangen ƙwanki. Duk ya mutu. Taso in yi miki gaisuwa."

Tasalla ta gaskata shi. Ta daina tsotsa.

Wayyo, Iya, ta taso?

Ku dai saurara. Har ta fara ɗagowa, sai ta ji wani abu ya motsa a ƙarƙashin leɓenta. Ta duba, ɗan kifi ne kamar zare. Wani ya fito, wani ya fito, har suka cika wurin.

Ta so ta ɗaga kai ta yi wa Zalɓe dariya, sai ta ji bakin ya ƙi. Ya koma ƙasan haɓa, leɓe ya yi kauri. Ƙwaro ya faɗo ruwa, ta kai cafka, ta kasa.

Ta fashe da kuka, ta ce, "Gwaggo, da me zan ci abinci?"

Ƙaguwa ta ce, "Kwana uku kina aikin nan. Kin ji yunwa?"

Tasalla ta ce, "A'a."

Ƙaguwa ta ce, "To, me kike haɗiyewa? Cikin lakar nan akwai gansakuka, akwai 'yan tsutsotsi, akwai ƙananan dodon-koɗi. Abincinki yana ƙasa, kuma ba mai yi miki rowarsa."

Zalɓe ya gaji da tsayuwa, ya sauke ƙafa, ya tashi da yunwarsa.

Tun daga ranar ake kiran zuri'arta Tsotsau. 'Ya'yansu suna ƙyanƙyashewa da baki a gaba, in sun ɗan tasa sai ya sauka ƙasa kamar na kakarsu. In kuma za su zuba ƙwai, sai sun nemi tsakuwar da ruwa ke gudu a kanta yana wanke ta, don kada laka ta sake kwanciya. Shi ya sa, yara, in aiki ya taso muku, ku fara da abin da Allah ya ba ku, kada ku biye wa mai daɗin baki.

Ƙurunƙus, kan ɗan kifi!