Sauro da Sikeli

Akwai wani ɗan damben zamani da ake kira Sauro, saboda ƙanƙantar jikinsa da zafin naushinsa. Shi ke riƙe da kambun ajin marasa nauyi. Kafin ka ɗaga hannu ya cije ka ya tashi.

Kawunsa, ƙanen mahaifiyarsa, shi ya koya masa dambe, kuma shi ke horar da shi.

A wannan wasa, ana gobe karawa kowa sai ya hau sikeli. Wanda ya wuce nauyin ajinsa ya rasa kambu tun bai sa safar hannu ba. To Sauro shekaru sun fara ja, jiki ya buɗe, nauyi ya ƙi sauka.

Wata rana bayan atisaye Kawu ya zaunar da shi.

"Ɗana, jikinka ya bar ajin nan. Mu koma na sama."

"In je can in zama ɗan kallo? A nan ni ne sarki, Kawu."

"Sarki da busasshen maƙogwaro? Abin da kake saukewa yanzu ba kitse ba ne, ruwan jikinka ne."

Sauro ya yi dariya a gaban abokansa. "Tsufa ya sa maka tsoro. Je ka huta, na sallame ka."

Kawu ya miƙe. Ya ɗauki jakarsa ya fita.

Da karawa ta matso, Sauro ya daina shan ruwa. Yakan sa rigar leda ya yi ta tsallen igiya a rufaffen ɗaki har gumi ya ƙafe. Ko yawu ba ya haɗiya, a kofi yake tofarwa. Abokan suka samo masa ƙwayar da ke sa fitsari, suna yi masa kirari.

Matarsa ta same shi kwance a ƙasan banɗaki, leɓe ya tsage, ido ya faɗa.

"Maigida, don Allah ko kurɓi ɗaya," ta ce tana kuka. "Kambun nan ya fi mu ne?"

Ya ture kofin, ruwan ya zube.

Ranar awo sai da aka riƙe shi ya hau sikeli. Nauyi ya yi daidai, ɗaki ya ɗauki tafi.

Washegari ya shiga fili da wani matashi. Tun zagayen farko ƙafafunsa suka ƙi bin umarni. A na huɗu naushi ya same shi a haƙarƙari, irin wanda a da ko gezau ba zai yi ba. Ya durƙusa, bai sake tashi ba.

A asibiti likita ya ce ƙodojinsa duka biyu sun daina aiki.

Kambu ya tafi. Abokai suka zo sau ɗaya, suka ɗauki hoto da shi, suka koma wajen sabon zakara. Aka sayar da mota, daga baya gidan ma ya bi.

Ranar da za a fara yi masa wankin ƙoda, ya buɗe ido ya ga Kawu zaune a gefen gado, yana kallon jinin da ke bin robar zuwa na'ura.

"Kawu, ka yafe mini," ya ce da ƙyar.

Tsohon ya juyo ya dube shi. Sannan ya ce, "Na yafe. Amma ni ma da laifina. Da ka kore ni, bai kamata in tafi ba."

Kawu ya juya fuskarsa bango don kada a ga hawayensa.

Sauro ya rasu bai kai shekara arba'in ba. Kawu ne ya yi masa wanka.

Darasi: Kada ɗaukaka ta toshe maka kunne. Mai gaya maka gaskiya mai ɗaci ya fi masu tafa maka, kuma babu kambun da ya kai lafiyarka. Ku tura wa 'yan uwa da abokai, wataƙila wani ya ji tun da sauran lokaci.