Katin Naɗin Malam Bawa

Ƙawata Hussaina, karanta wannan a natse, don tun da abin ya faru zuciyata ba ta kwanta ba.

Akwai wani manomin albasa a wani ƙauye tsakanin Bodinga da Shagari, ana ce masa Malam Bawa. Mahaifinsa ne hakimin ƙauyen. Da tsohon ya kwanta ciwo, shekara tara Bawa yana riƙe da gari ba rawani. Shi ke raba rigimar iyakar gona, shi ke shiga tsakanin manoma da makiyaya.

Da tsohon ya rasu, dattawa suka kai sunan Bawa gaban uban ƙasa, wanda shi ke naɗa hakimai. Aka amince, aka sa rana.

Bawa yana da ɗa, Lukman, malamin Turanci a sakandare. Ba mugu ba ne, sai dai yana ganin karatunsa ya fi ƙarfin ƙauyen. Ya ce, "Baba, bar mini katin gayyata. Sai an san gidanmu akwai ɗan boko."

Ya tafi Bodinga, ya dawo da kati mai sheƙi. Ga hoton Bawa, a saman kansa an ɗora kambin zinariya irin na sarakunan Turawa. A ƙasa an rubuta "His Royal Majesty, King Bawa the First".

Mahaifiyarsa Talatu ta juya katin, ta ce, "Wagga hula mai ƙahoni, mi take yi bisa kan babanka?"

"Inna, kambi ne. Manyan sarakunan duniya ke sa shi."

"Mu dai rawani munka sani, shi ma ba a naɗa ba tukuna. Karanta mini rubutun da Hausa."

Ya yi dariya. "Ba ya fassaruwa, Inna. Harkar 'yan boko ce."

Bawa ba ya karanta boko. Ya ce, "Ba ka dai sa mini abin da ba nawa ba ko?"

"Girmamawa ce kawai, Baba."

Bawa ya ga hotonsa ya yi kyau, bai sake tambaya ba.

Ranar kasuwar Shagari katin ya bazu. Wani tela ya manna shi a saman keken ɗinkinsa, duk sanda Lukman ya gitta sai ya ɗaga murya: "Ku kauce, ga yariman Ingila tafe!" Lukman ya ɗauka yabo ne.

Kwana huɗu bayan nan, uban ƙasa ya aiko a zo, uba da ɗa.

Suka tuɓe takalma, suka faɗi suka yi gaisuwa. Zauren cike da dattawa. Uban ƙasa ya miƙa katin, ya ce, "Malamin Turanci, fassara muna, kowa shi ji."

Lukman ya karɓi katin. "Ranka shi daɗe, cewa aka yi, mai girma..."

"A'a. Shekara talatin na yi aikin gwamnati kafin in zauna bisa wagga shimfiɗa. Faɗi daidai."

Lukman ya ce, "Mai martaba maɗaukaki, Sarki Bawa na Ɗaya."



Uban ƙasa ya ce, "Ni kaina ba a kirana da wanga suna. In katin ga ya kai Sakkwato, ni za a tambaya wa ya ba ni izinin naɗa sarki." Ya juya ga Bawa. "Ka san abin da ke ciki?"

"Ban sani ba, Allah shi ja zamaninka."

"Ka tambaya?"

"Sau guda. Ban matsa ba."

Uban ƙasa ya ajiye katin gefe. Sannan ya ce, "Bawa, na san wahalar da ka sha ma ƙauyen nan. Amma yau hotonka ya fita gari ba ka san mi ke ƙarƙashinsa ba. Gobe takardar gonar marayu za a kawo maka ka sa hannu."

Lukman ya kifa goshinsa ƙasa. "Laifina ne, ranka shi daɗe! Ni a hukunta!"

"Na sani. Amma ba kai za a naɗa ba."

Aka ba Badaru rawanin, ɗan ƙanen mahaifin Bawa.

Hussaina, ranar naɗin ce ta fi tsaya mini a rai. Kowa ya zaci Bawa zai rufe ƙofa. Sai ga shi da babbar rigar da ya ɗinka don kansa, ya ratsa jama'a, ya durƙusa gaban ƙanensa Badaru ya yi mubaya'a. Mata suna leƙe ta katanga suna share hawaye.

Da ya dawo gida bayan la'asar, ya tarar da Lukman a ɗaki, bai ci abinci ba tun safe. Ya tsaya bakin ƙofa, ya ce, "Tashi ka ci tuwo. Abin da Allah bai rubuta mini ba, kati ba ya ba ni shi. Gobe za ka bi ni ka gai da hakimi. Da Hausa."

Darasi: Girman da Allah bai ba mutum ba, kada ka liƙa masa, ko da mahaifinka ne, don kana iya raba shi da wanda ya samu. Kuma kada ka yarda sunanka ya hau takardar da ba a karanta maka ba.

Ki tura wa 'yan uwa su amfana. Na sauya sunayen, amma ke kin san gidan, Hussaina. Don Allah kada ki gaya wa kowa ko su wane ne, Talatu har yanzu ba ta iya fita biki.